Maman Bature

Sunan yanka na 'yata Abibata, amma in ka shiga Nima, unguwarmu a Ankara babban birnin Gana, kana neman Abibata 'yar Lariba mai koko, za ka sha yawo har takalminka ya tsinke. Ka ce musu Darina, nan take za a nuna maka gidan. Sunan ba na Larabawa ba ne, ba na Dagomba ba, ba na Ankarawa ba. Ni da mijina Jalilu muka ɗauko shi a bakin wani mutum mai zazzaɓi, muka ɗora wa jaririya, muna ganin mun yi abin kirki. Shekara biyar na yi ina kwaɗa kiran sunan nan a tsakar gida ban san wace ce mai shi ba.

Mutumin Bature ne, sunansa Miron. Ya zo gidan Baba Imurana, inda muke zaune, shekara guda kafin a sauke tutar Ingila. Akwati ɗaya ya zo da shi, da shebur naɗe cikin buhu. A lokacin in ka ga Bature a Nima, to, duba-gari ne ko babban ɗan sanda, shi ya sa duk matan gidan muka ruga muna rufe randunanmu. Sai ga shi ya tsuguna a gaban Baba Imurana yana neman ɗaki da Hausar leburori. Ya ce da yana aiki da wani kamfanin hanya, amma zama cikin Turawa ya ishe shi, sun cika tambaya.

Baba Imurana ɗan kasuwar goro ne, ya shekara talatin yana saukar baƙi: Zabarmawa, Mosawa, Kotokoli, Yarabawa. Bai taɓa tambayar baƙo abin da ya koro shi daga garinsu ba. Abu ɗaya kawai ya tambaya, sunan ƙasarsa, don in mutuwa ta zo a san inda za a aika. Bature ya ce Yukren. Baba ya juyo ya dube mu, mu ma muka dube shi. Babu wanda ya taɓa jin ta, har masu zuwa Tudu sauraren rediyo. Aka ba shi ɗakin ƙarshe, kusa da murhuna.

Ni kam ban so shi ba da farko, kuma ban ɓoye ba. Mutum dogo, busasshe, ba ya dariya, in zai zauna sai ya ba bango baya yana kallon ƙofa. In zai ci dokunu, tuwon masarar nan da ake naɗewa a ganye, sai ya gutsura rabi ya sa a aljihu, kamar wani zai ƙwace. Ga tari mai zurfi da ba ya barinsa rani da damina. Na ce wa Jalilu wannan ko dai ɓarawo ne ko mahaukaci. Jalilu ya ce bakina ne zai kai ni wuta.

Da damina ta kama, Jalilu na haƙa wa wani mutum rijiya a Mamobi, bangon ya rufta da shi. Ina da cikin wata huɗu lokacin. Na isa wurin ba ɗankwali, na tarar da maza sun yi cincirindo a baki suna tono da hannu, duk motsinsu ƙasa ƙara zubawa take yi. Sai ga Bature ya ratso su. Ban taɓa jin muryarsa da ƙarfi ba sai ranar. Ya daka tsawa ɗaya, ƙattai ashirin suka ja baya kamar yara. Ya nuna wannan ya nuna wancan, kai ciro ƙofar gidan can, kai kawo katako, ku biyu ku tsaya nan. Ba wanda ya ce masa wane ne kai. Bai tona ta sama ba. Ya koma gefe ya buɗe wani rami, ya shiga da rarrafe yana tokare ƙasa da ƙyaure, har ya ɓace mana. Tun hantsi sai bayan azahar ya fito da baya, yana jan Jalilu ta hammata, bakinsa cike da laka amma yana numfashi.

Baba Imurana ya ce, "Wannan ya taɓa riƙe mutane."

Daga nan suka zama abokan aiki, shi da Jalilu, rijiya da ramin salga daga Kotobabi har Kawukudi. Ni kuma na shiga aika masa koko da ƙosai kullum safe, ina jin kunyar abin da na faɗa a kansa.

Cikina na wata takwas zazzaɓin sauro ya kayar da shi. Jalilu ya ajiye aiki kwana uku yana jinyarsa. A rana ta uku ya fito ya same ni ina tace gasara.

"Lariba, oburoni nan, Baturenmu, suna ɗaya yake kira tun shekaranjiya. Darina, Darina. Mamanshi ne."

"Ya gaya maka?"

"Sai ya gaya mini? Namiji da furfura, zazzaɓi ya kama shi, wa zai kira?"

Gaskiya ce, kowa ya san haka. Ni ma da na haihu uwata na kira, ita da ke kabari a Salaga. To, ga mutum ya ciro mijina daga bakin kabari, ba mu da saniya ba mu da fili da za mu ba shi. Abin da talaka ke da shi mai daraja shi ne suna. Muka yi shawara a ɓoye, in mace ce, uwarsa za mu mayar masa.

Mace ce kuwa. Ranar suna aka yanka rago, liman ya raɗa mata Abibata, aka shafa fatiha. Sai Jalilu ya miƙe a gaban jama'a, yana washe baki, ya ce yarinya tana da suna na biyu da za a riƙa kiranta da shi a gida, sunan mahaifiyar Masta Miron, Darina. Ina leƙe ta labule. Bature na riƙe da goron da aka ba shi, sai goron ya faɗi ya gangara ƙarƙashin benci. Fuskarsa ta koma kamar tokar murhu. Ya miƙe, ya dafa bango, ya shige ɗakinsa ya rufo ƙofa. Mata suka saki guɗa. Tsofaffi suka yi ta kaɗa kai suna cewa Allah sarki, ya tuna uwa, ashe su ma suna da zuciya.

Tun daga ranar bai taɓa furta sunan ba. In yarinya ta rarrafo wurinsa sai ya ce "kai" ko "ƙarami", don Hausarsa ta leburori ce, ba ta raba mace da namiji. In na ƙwala kira daga murhu, "Darina!", sai ya ajiye abin da ke hannunsa ya fita. Mu kuwa abin ya burge mu matuƙa. Wane ɗan halak ne zai kama sunan uwarsa gatsau? Muka ce Baturen nan ya fi wasu 'ya'yan Musulmi kunya. Matan gida suka koma kiranta Maman Bature don su taya shi. Ni dai ba uwata ba ce, ba surukata ba, sunan kuma ya yi mini daɗi a baki, don haka na ci gaba da kwaɗa shi safe da yamma.

Amma ina da ido. Na ga mutum yana ramewa. Kokon da nake aika masa ya soma dawowa da sanyinsa. Wata rana na shiga share masa ɗaki na ga ya ɗaga tabarma ya haƙa rami ƙarƙashin gado, da murfin katako, daidai kwanciyar mutum ɗaya. Da Rashawa suka fara zuwa Ankara aikin gwamnati, in aka ce an ga motarsu ta bi ta titin Nima, sai ya wuni a ƙasan rijiya ko da aiki ya ƙare. Yarinyar kuma, kamar da gayya, duk gidan ba wanda take so sai shi. Ta iya tafiya, ƙofarsa ta fara zuwa. Ba ta shiga, ba ta magana, sai ta tsaya a bakin ƙofa ta zuba masa ido. Shi kuma ya zauna a bakin gado, hannuwansa a kan gwiwa, kamar wanda ke jiran hukunci. Sau da yawa na zo ɗaukarta tsigar jikina ta tashi, ban san dalili ba.

Tana shekara biyar ta yi ta fama da firgita, sai na karɓo mata rubutu wurin malam. 'Yar takarda ce aka naɗe siririya. Da safe na zaunar da ita tsakanin ƙafafuna ina mata kitso, na ɗaure takardar da zare na cusa cikin kitson, yadda ake yi wa yara. Bature ya fito da sheburinsa zai tafi aiki. Ya tsaya. Sai na ji irin tsawar nan ta ranar Mamobi.

"Cire! Cire shi!"

Kafin in buɗe baki ya fizge takardar har da silin gashi, ya jefa a murhu. Yarinya ta tsandara ihu. Shi kuma ya dubi hannunsa, ya juya ya fita da sauri, ko sheburin bai ɗauka ba.

Ranar idona ya rufe don fushi. Ceton miji daban, taɓa mini 'ya daban. Da rana ta take na ɗauki kwanon abincinsu na nufi Kotobabi, inda suke haƙa, da niyyar in wanke shi tas. Na tarar Jalilu ya tafi Kawukudi neman igiya. Bature na can ƙasa, gaba shida, ba na ganin komai sai farin gashinsa. Na durƙusa a bakin rijiyar na zazzage masa duk abin da ke cikina. Na ce in sunan uwarsa ne ba ya so a bakinmu, ya faɗa, ba sai ya huce a kan yarinya ba.

Sannan muryarsa ta taso daga ramin, a hankali.

"Lariba. Ba mamana ba ne."

Abin da ya gaya mini daga nan, da guntuwar Hausarsa, zan faɗa da bakina.

Ya ce a ƙasarsu, lokacin babban yaƙi, shi shugaban mayaƙa ne a daji, mutum ɗari a ƙarƙashinsa. Suna so ƙasarsu ta tsaya da ƙafarta. Sun yaƙi Jamus, sun yaƙi Rasha, sun kuma ƙona ƙauyukan maƙwabtansu da ya ce ba zai iya kirga su da rana tsaka ba. Da Rasha ta yi ƙarfi sai suka koma ƙarƙashin ƙasa. Shi ne gwanin haƙa. In sanyi ya zo ƙanƙara ta rufe duniya fari fat, sai su shiga rami mutum tara, goma, a rufe, wata huɗu ba rana, fitila na mutuwa don rashin iska. Ɗan bututu guda suke bari a sama, ta nan suke numfashi. A can ya samo tarin nan.

Darina yarinya ce 'yar shekara goma sha tara daga ƙauyen gefen dajin. Ita ke kai saƙo tsakanin ramuka. Takan naɗe takarda siririya kamar tsinken tsintsiya ta cusa a cikin kitsonta, ta wuce ta gaban sojoji da kwandon burodi. Shekara biyu tana yi ba a taɓa kama ta ba.

Wata safiya sojojin Rasha suka zo kai tsaye kan wani rami, ba lalube, ba tambaya. Mutum tara ne a ciki, ba wanda ya fita. Ban da shi, mutum ɗaya ne ya san wurin, ita. Dokarsu kuwa ɗaya ce ga wanda ya sayar da 'yan'uwa. Yana iya aika wani, amma ya san ba za ta fito wa muryar kowa ba sai tasa. Ya je da kansa ya tsaya bayan dangar gidan ubanta, ya kira sunanta sau ɗaya. Ta fito da garin alkama a hannu. Ya ce ta biyo shi cikin itatuwa, ta biyo shi.

Bayan kwana goma yana dawowa wani ramin da shi ma shi ya haƙa, sai ya hango shi tun daga nesa. Ko'ina fari, sai wuri ɗaya baƙi, da'ira kamar faifai, inda ɗumin numfashin mutanen da ke ƙasa ya narkar da ƙanƙara a bakin bututu. Ko makaho mai sanda zai gane. Ba wanda ya sayar da kowa. Shi ne ya sa bututun a fili maimakon gindin itace.

Na ƙara leƙawa cikin rijiyar. Na ce, "Da ka kira ta, me ta ce?"

"Ya ce, ga ni."

Ban san lokacin da na miƙe ba. Na bar kwanon a nan, na taho gida. Tsoro na ji, da ƙyama, da haushin kaina. Wato shekara biyar ina tsaye a tsakar gida ina kiran matacciya, ita kuma 'yata tana amsawa. Na tuna tsayuwar nan da take yi a ƙofarsa, na ce wa kaina wa ya san wace ce ke kallonsa ta idon 'yata. Ina shiga gida na tara mata na ce daga yau Abibata, duk wadda na ji ta ce Darina ko Maman Bature, ni da ita ne. Jalilu kaɗai na gaya wa dalili. Ya zauna ya riƙe kai, can ya ce, "Amma shi ya ciro ni." Na ce na sani, shi ya sa ban sa an kore shi ba.

Na ɗauka in sunan ya mutu kowa zai huta. Ba haka aka yi ba. Yarinya ta ƙi amsa Abibata. In na kira sai ta waiga ta ga da wa nake. Na hana ta ƙofarsa, ta koma tsayawa daga nesa, jikin turmi. Shi kuwa Bature, da nake cewa sunan ne ke cinye shi, shirun ya fi cinye shi. Wata rana ina wanke gero ya tsaya a bayana, bai matso ba.

"An kwashe ƙauyen mai sunan duka a jirgin ƙasa," ya ce. "Babanshi, mamanshi. Kabari ma ba alama, ni na rufe. Duk duniya nan gidan kawai ake kiran sunan."

Na ce, "Da ka yi wannan tunanin a bayan danga." Ban ko juyo ba. Har yau in na tuna ba na nadamar maganar, amma ba na jin daɗinta.

Damina ta zagayo, tarin ya koma jini. Ya ƙi asibiti, ya ce can ana rubuta suna. Wata Laraba da hantsi Baba Imurana ya fito daga ɗakinsa ya ce mutumin nan tafiya zai yi, kowa ya zo a yafi juna. Haka ake yi a gidan ga kowane baƙo, Musulmi ko ba Musulmi ba. Aka shiga ɗaya bayan ɗaya, kowa ya ce na yafe, ka yafe mini. Jalilu ya fito yana share ido da hula. Ni ce ta ƙarshe. Na tsaya a bakin ƙofa, yarinya ta maƙale a zanena.

Ya zama ƙashi da fata, amma har lokacin bango ne a bayansa, idonsa a ƙofa. Ya dube ni, ya dubi yarinyar. Na gane abin da yake so, sai zuciyata ta taso.

Na ce, "Abin da ke tsakanina da kai na yafe. Amma kar ka ce wannan ta yafe maka. Ba ita ka kai cikin itatuwa ba."

"Na sani," ya ce. "Ba yafiya ba. Bar ni in kira sau ɗaya."

Na so in ce a'a. Wallahi na so. Amma mu muka ɗauko sunan ba a ba mu ba, mu muka shigo masa da ita har ƙofar ɗaki muna guɗa. Na saki hannun yarinyar.

Ya ɗago kai da ƙyar. Shekara shida yana gidan da ita, ranar ce farkon da na ji sunan a bakinsa da kunnena, kuma ba yadda muke faɗinsa ba, ya fi taushi.

"Darina."

"Na'am," ta ce, fuskarta ta washe, don an daɗe ba a kira ta ba. Ta tsallake dokin ƙofa ta nufi gadon.

Sai ya ɗaga hannu da sauri, tafin yana kallonta. Ta tsaya cak a tsakiyar ɗaki.

"A'a. Kar ka zo. Koma gida. Koma wurin mamanka, rufe ƙofa."

Ta dube shi, ta dube ni, ta juyo da gudu ta faɗa jikina. Ya bi ta da ido har ta iso, ya ga na riƙe ta. Sannan ya sauke kai kan matashi, ya juya wa ƙofa baya. Ban taɓa ganin ya yi haka ba.

Kafin la'asar ya cika. Baba Imurana ya aika aka nemo wani fada, don a binne shi a kan addininsa. Jalilu ne ya haƙa kabarin, ya ƙi yarda kowa ya taya shi. Ba mu san wa za mu aika wa a Yukren ba, ba mu aika ba.

Washegari da safe na ɗora tukunya, na duba ban ga yarinya ba. Tana can tsaye a ƙofar ɗakin ƙarshe, tana kallon gadon da ba kowa. Matan gida duk suna tsakar gida, kowa na satar kallona. Na goge hannu a zane, na cika ƙirji na kira ta da sunan, da ƙarfi, yadda za a ji har bakin gota, kwatar da ke titi. Ta amsa, ta zo ta karɓi kokonta.